Yadda ake tura rubutun furuci na IPA ta WhatsApp da Telegram ba tare da alamomin sun lalace a hanya ba

Tambayar nan ta yi yawa wallahi, kusan kullum sai wani ya kawo min ita da wata siga daban. Wannan ya ce ya rubuta aikin rubutun furuci ya tura wa abokan karatunsa sun ce akwatuna kawai suke gani a maimakon haruffa, wancan ya ce jadawalin IPA, wato alamomin rubuta furuci na duniya, da ya tura ya isa a dushe ba a bambance ɗigon ƙasa da ƙaramin da'ira, wata kuma, ita ce ma ta fi ba ni tausayi, ta naɗi muryar mutum na kusan awa guda da maɓallin saƙon murya, sai daga baya malaminta ya ce ba za a iya auna komai da shi ba. To bari in zauna in rubuta abin sau ɗaya kowa ya huta. Ba zan shiga tarihin IPA ko darasin gaɓoɓin furuci ba, na ɗauka ka riga ka san tsayau irin b da t da zuzau irin s da z, matsalarka ita ce yadda kayan za su bar wayarka su isa wayar wani lafiya lau. Abin da kake gani a fuskar wayarka ba lallai shi ne ya isa can ba, kusan duk matakan da ke ƙasa a kan wannan suke.

Kayan da kake buƙata ba su da yawa: wayarka, kwamfuta in da hali, da waya ta biyu ta wani ɗan uwa da za ka riƙa gwaji da ita, zai fi kyau in ba irin taka ba ce, wato in kai Android kake riƙewa shi ya zama mai iPhone ko tsohuwar waya. Kusan duk manhajojin da zan ambata kyauta ne, kuɗin da za ka kashe na data ne kawai, kuma zan faɗi nauyin fayiloli a inda ya dace don ka yi lissafinka.

1. Fara raba kayan gida huɗu

Kafin ka taɓa maɓallin turawa ka dubi abin da ke hannunka. Ko dai gajeren rubutu ne da za ka buga cikin saƙo, ko takarda ce irin jadawali da darasi, ko sauti ne, ko kuma fayil ɗin aiki ne na manhaja irin Praat ta nazarin sauti da ELAN ta rubuta bayani a kan sauti da bidiyo. Kowanne da ƙofar da yake bi. Yawancin ɓarnar da nake gani daga nan take farawa, mutum ya tattara komai ya tura ta hanyar da ya saba tura hotuna.

2. Saka kibod mai alamomin IPA

A Android abin da sauƙi. Buɗe saitin Gboard, wato kibod ɗin Google, shiga wurin harsuna, taɓa ƙara kibod, ka nemi International Phonetic Alphabet, yana nan cikin jerin harsuna kamar wani yare. Da ka saka shi sai ka riƙa sauyawa da alamar duniyar nan da ke kusa da maɓallin tazara, kuma in ka danne harafi ka riƙe zai fito maka da 'yan uwansa. Masu iPhone da masu kwamfuta su sauke Keyman na ƙungiyar SIL mai aikin nazarin harsuna, su saka kibod ɗin da ake kira IPA SIL, yana aiki a Windows da Mac da Linux da wayoyi duka. A kwamfuta haɗa maɓallai ake yi, misali s da alamar daidai ya ba ka ʃ, n da alamar > ya ba ka ŋ, kwana biyu ka saba. In kuma alama ɗaya ko biyu kawai kake so a wata, shafin TypeIt ya ishe ka, ka buga a can ka kwafo ka manna.

Gargaɗi a nan: kashe gyaran rubutu na kai tsaye kafin ka fara. Kibod ɗin waya yana da shisshigi, kana rubuta kalma da alamar furuci zai mayar maka da ita kalmar da ya sani, ko ya mayar da harafin farko babba, alhali a IPA babban harafi da ƙarami ba abu ɗaya ba ne, ʀ daban r daban.

3. Rubuta alamar gaske, ba mai kama da ita ba

Nan ne zan daɗe, don nan ne masu ganin sun iya suke faɗawa rami. Akwai alamomin da a ido kamar tagwaye suke amma a wajen na'ura kowanne da lambarsa ta Unicode, kuma in wani ya kwafi aikinka ya saka a takarda ko ya nemi wata alama da binciken saƙo, sai abin ya ƙi fitowa ya rasa dalili.

Alamar tsawon wasali ita ce ː, 'yan kusurwoyi biyu masu kallon juna, ba aya biyun nan ta kibod ba. Hamza ʔ ce, ba alamar tambaya ba. Alamar tunkuɗau ʼ ce, lambarta U+02BC, ba waƙafin sama na yau da kullum ba wanda waya ke lanƙwasawa yadda ta ga dama, sannan alamar ƙarfin gaɓa ˈ tsayayyen ɗan sanda ne, shi ma daban. Wasalin ɛ ba harafin Girkanci ε ba ne, ɣ ba γ ba ne, ɑ ba α ba ne, duk da cewa θ da β da χ su kam na Girkancin ne ake amfani da su kai tsaye. Har ə tana da 'yar uwa mai kama da ita sak, ǝ, wadda lambarta daban ce. In ka ɗauko daga kibod ɗin IPA ba ka da wannan damuwar, matsalar tana zuwa ne in kana tsintar alamomi daga nan da can.

Sai abin da ya shafe mu masu Hausa. Haruffan boko ba IPA ba ne duk da sun yi tarayya a wasu. Haɗiyau ɓ da ɗ iri ɗaya ne a duka biyun, amma ƙ ba ta cikin jadawalin IPA na yanzu, kʼ ake rubutawa, c kuma tʃ ce, j ita ce dʒ, y ita ce j, sh kuma ʃ. Na sha ganin an turo rubutu cikin baka mai kusurwa, wato [ ], amma rabinsa boko ne rabinsa IPA, mai karatu daga wani harshe ya ga j ya furta y. Ɗauki kalmomin nan uku da kowa ya sani: baki na magana /bàːkíː/, baƙi na launi /bákʼíː/, baƙi masu zuwa gida /bàːkʼíː/. Ka ga a nan tsawon wasali da karin sauti da alamar tunkuɗau su ne duk abin da ya raba su, in ɗaya ta faɗi a hanya ko ta zame kan harafin gaba to ka tura wata kalma ce daban. Ni waɗannan ukun nake amfani da su wajen gwaji saboda sun tara kusan duk abin da ke lalacewa.

Wani abu kuma game da alamomin da ke hawa kan harafi. Harafi kamar á yana iya zama ƙwaya ɗaya a wajen na'ura, yana kuma iya zama a da aka ɗora wa alama daga baya, a ido ɗaya ne amma bincike ba lallai ya haɗa su ba. Irin su ɛ́ da ɔ̀ kuwa dole ɗorawa ake yi, su ne suka fi zamewa a tsofaffin wayoyi, haka ma bakan da ke haɗa haruffa biyu kamar t͡ʃ. In kun yarda a tsakaninku a rubuta tʃ ba baka, ku faɗa tun farko ku huta.

4. Hana manhajar cinye maka alamomi

WhatsApp yana ɗaukar wasu alamomi a matsayin umarnin ado. Tauraro biyu da suka rungumi kalma suna mayar da ita mai kauri, layin ƙasa biyu su karkatar da ita, alamar ~ biyu su soke ta, kuma su alamomin sai su ɓace. Tun 2024 ma an ƙara wasu: in ka fara layi da tauraro ko karan ɗori sannan tazara sai ya zama jeri mai ɗigo, in ka fara da > sannan tazara sai ya zama ambato. Mu kuma tauraro muke sawa a gaban sigar da ba ta halatta ba ko wadda aka ƙiyasta, layin ƙasa muke nuna muhallin sauti da shi, ~ muke nuna musanya da ita, > kuma canjin sauti. Ba kullum abin yake faruwa ba, ya danganta da inda tazara ta faɗa, shi ya sa yake da ban haushi, yau ya wuce lafiya gobe ya cinye maka ƙa'ida guda.

Telegram nasa salon daban. Sanda biyu a tsaye kafin rubutu da bayansa suna ɓoye rubutun gaba ɗaya sai an taɓa, mu kuma da yawa haka muke buga alamar babbar tsayawa a rubutun karin magana. Kalmar da ta fara da karkataccen sanda yakan ɗauke ta a matsayin umarni ga bot ya mayar da ita shuɗiya, ka ga kenan rubutun ƙwayar sauti da muke sawa tsakanin sanduna biyu ya shiga uku, musamman in akwai bot a guruf ɗin, wani ya taɓa ya aika umarnin banza. Alamar # ta iyakar kalma takan zama hashtag. Masu amfani da X-SAMPA, wato tsarin rubuta IPA da haruffan kibod na yau da kullum, su ma suna da nasu, don a can @ ita ce ə, da ka buga ta sai jerin sunayen 'yan guruf ya faɗo maka.

Maganin duka ɗaya ne: saka rubutun furucin tsakanin alamar ` guda uku a farko uku a ƙarshe. Duka manhajojin biyu suna barin abin da ke ciki yadda yake. Sai dai ka lura, zubin haruffan, wato font, da suke nunawa a cikin wannan yanayin wani lokacin ba ya ɗora alamomin sama da kyau, don haka in rubutunka ba shi da tauraro ko layin ƙasa ko sanda, bar shi a fili ya fi kyan gani.

Wannan ɓoyewar ta Telegram kuwa tana da rana, in kana ba da atisaye sai ka tura sautin ka ɓoye amsar a ƙarƙashi da gangan, ɗalibi ya rubuta tasa sannan ya taɓa ya gani.

5. Yi gwaji kafin ka tura wa jama'a

Tura wa kanka tukuna, WhatsApp yana da wurin aika wa kai saƙo, Telegram yana da Saved Messages. Sannan ka tura wa mai waya ta biyun nan ka ce ya ɗauko maka hoton fuskar wayarsa, kar ka yarda da "ya zo lafiya", don wanda bai san me ya kamata ya gani ba zai ce maka lafiya ko da rabin alamomin sun zube. In ka ga akwati ko alamar tambaya cikin lu'u-lu'u, wayarsa ce ba ta da zubin harafin, rubutun kansa yana nan lafiya, in ya kwafa ya manna a kwamfuta mai zubin da ya dace zai fito.

Kuskuren da ake yawan yi a nan shi ne mutum ya tura masa fayil ɗin zubin haruffa, abin da masu kwamfuta ke ce wa font, wai ya saka a waya. Ba zai gyara komai a cikin hira ba, manhajar saƙo da zubin da ya zo da wayar take aiki. Zubin da ka tura kwamfuta zai yi wa amfani. Ga mai tsohuwar waya, tura masa rubutun a saƙo sannan ka bi shi da hoto ko PDF na abu ɗaya, ya karanta a hoton ya kwafa daga saƙon.

6. Jadawali da takardu: PDF, kuma a matsayin fayil

In takarda ce ka rubuta a Word, fara zaɓar zubin da ke ɗauke da IPA cikakke. Doulos SIL da Charis SIL da Gentium da Andika duk na SIL ne kuma kyauta ne, lasisinsu ya yarda ka raba wa kowa, Noto Sans na Google shi ma yana yi. Sannan ka mayar da takardar PDF kafin ka tura, saboda PDF yana tafiya da zubin haruffansa a ciki, shi kuwa fayil ɗin Word in ba ka shiga saitin ajiya ka ce ya cusa zubin ba, yana isa wayar wani zai ari wanda ya samu, alamomi su warwatse, layukan jadawali su goce. In dole sai sun yi gyara a ciki, tura duka biyun, Word na aiki, PDF na duba yadda ya kamata ya kasance.

Wajen turawa ka taɓa alamar maƙala abu ka zaɓi inda aka rubuta Document a WhatsApp, ko File a Telegram. Ko hoto ne ma ta nan za ka bi da shi. In ka bi ta wurin hotuna manhajar za ta matse shi, kuma abin da matsewa ke fara ci shi ne ƙananan abubuwa, wato daidai ɗigo da ƙugiya da 'yar da'irar da ke ƙarƙashin harafi. Maɓallin HD na WhatsApp ya rage ɓarnar amma bai kawar da ita ba. Ta hanyar fayil kana iya tura har 2 GB a duka biyun, masu biyan kuɗin Telegram Premium har 4 GB, jadawali kuwa ko 1 MB da wuya ya kai.

Kar ka ɗauki hoton jadawalin IPA daga littafi da kyamara, ba ka da dalili. Ƙungiyar International Phonetic Association ta saka jadawalin a shafinta kyauta a PDF, ƙarƙashin lasisin Creative Commons da ya yarda a raba muddin an bar sunan masu shi, kuma akwai shekara a samansa, ka ɗauki na 2020 ko aƙalla wanda bai gaza 2005 ba, don a 2005 ne aka ƙara alamar ⱱ, wanda ya girmi haka babu ita. Sautukan kowace alama suna nan a Wikimedia Commons, taskar ɗakin binciken furuci na jami'ar UCLA tana da naɗaɗɗun muryoyi na harsuna masu yawa, shafin Seeing Speech kuma yana nuna bidiyon yadda harshe ke motsi a cikin baki. Irin waɗannan adireshin shafin za ka tura, ba sai ka sauke ka sake ɗorawa ba, ka rage wa kowa data.

Gargaɗi biyu. Na ɗaya, littafin karatu da aka yi wa sikanin gaba ɗaya aka watsa a guruf haƙƙin mai shi ne aka taka, kuma Telegram yakan rufe tashoshin da aka kai ƙararsu kan wannan, ranar da aka rufe duk abin da kuka tara na halal ma ya tafi tare. Na biyu, tsofaffin takardu da aka buga da zubin da ya riga Unicode, irin SIL IPA93, a PDF suna da kyau amma da ka kwafi layi ka manna a saƙo sai ka ga tarkacen haruffa. Gwada layi ɗaya kafin ka yi wa mutane alƙawarin za su iya kwafa.

7. Sauti

Saƙon murya an yi shi ne don hira. Manhajar tana matse shi da tsarin Opus, ta zubar da abin da ta ga kunne ba zai damu da shi ba don fayil ya yi sauƙi. In abin da kake so shi ne ɗalibi ya ji bambancin ra-gare da ra-kaɗe, wato r biyun nan na Hausa, ko ya ji karin sama da na ƙasa, saƙon murya ya wadatar, ni ma ina yi. Amma in za a buɗe shi a Praat a auna wasula ko a dubi zuzau, kar ka fara. Kuma mayar da saƙon murya zuwa WAV daga baya ba ya dawo da abin da aka zubar, nauyi kawai ka ƙara masa.

Tsarin shi ne ka naɗa da manhajar naɗar sauti daban, ka shiga saitinta ka zaɓi WAV, 44,100 Hz, bit 16, layi ɗaya wato mono. Da yawa daga manhajojin da ke zuwa da waya m4a suke ajiyewa, shi ma matsattse ne, ka duba kafin ka fara ba bayan ka gama ba. Lissafin nauyi: minti ɗaya na irin wannan WAV ɗin ya ɗan haura 5 MB, minti 10 ya wuce 50 MB, in sitiriyo ne ka ninka biyu, kuma ka tuna kowane ɗan guruf sai ya sauke wannan nauyin da datarsa. Don haka ka buɗe shi a Audacity, manhajar gyaran sauti, ka yayyanka, kalma ko jimla ɗaya fayil ɗaya, ko ka ajiye shi a FLAC wanda yakan rage kusan rabin nauyin ba tare da ya zubar da komai ba, kuma Praat yana buɗe shi. Sannan ka tura ta Document ko File kamar yadda aka yi da takarda.

Ka faɗi nauyin a saƙo kafin fayil ɗin, ka kuma tuna wa mutane su kashe saukewar kai tsaye in suna kan datar waya.

Gargaɗi mai nauyi: muryar mutum ce. Wanda ka naɗa ya yarda ne ka yi nazari da ita, ka tambaye shi a fili ko ya yarda a saka ta a guruf, ka kuma gaya masa gaskiya cewa abin da ya shiga guruf ba ka da iko da inda zai ƙare. Ka yanke wurin da ya faɗi sunansa ko wata magana ta sirri, ka ba shi lamba a maimakon suna. Saƙonnin WhatsApp a kulle suke daga waya zuwa waya, guruf ɗin Telegram kuwa ba irin wannan kullen gare shi ba, a rumbun kamfanin yake zaune, amma ko a wanne ne ɗan guruf ɗaya ya isa ya tura wa duniya.

8. Fayilolin Praat da ELAN da jerin kalmomi

TextGrid na Praat, wato fayil ɗin da ke ɗauke da rubutun da aka jera daidai da sauti, ba shi da amfani in ba sautinsa, fayil ɗin eaf na ELAN kuma yana riƙe da sunan sauti ko bidiyon da aka yi aikin a kansa, in sunan ya canza sai ya tsaya yana tambayarka ina yake. Ba su suna ɗaya, ka zuba su a jaka ɗaya, ka ɗaure ta zip, ka tura ƙulli guda. Na taɓa karɓar TextGrid goma sha biyu daga wani abokin aiki, sautukan kuma ya turo su ta wurin sauti, duk suka iso da sunayen da WhatsApp ya raɗa musu masu farawa da AUD da kwanan wata, na kwana ina saurare ina haɗa kowanne da nasa kamar mai haɗa aure.

Jerin kalmomi na Excel ka tura shi a xlsx. In ka ajiye shi CSV na yau da kullum alamomin kan koma alamar tambaya, wannan kuwa ba ya gyaruwa, in dole CSV ne zaɓi wanda aka rubuta UTF-8. In kuma kai ne aka turo wa ka buɗe ka ga É™ a wurin ə ko Êƒ a wurin ʃ, kar ka ajiye a kansa, fayil ɗin lafiyarsa ƙalau, buɗewar ce ba daidai ba, rufe shi ka shigo da shi ta wurin shigo da bayanai ka zaɓi UTF-8.

9. Suna da ɗan bayani

Sunan fayil ya zama haruffa da lambobi na yau da kullum, ba IPA ba ƙugiya ba tazara, kamar hausa_tunkudau_mai-magana03_v1. Ƙarƙashinsa ka rubuta harshen, da karin harshen in ya shafi aikin, da ko rubutun na ƙwayar sauti ne tsakanin sanduna ko na furuci filla-filla ne cikin baka mai kusurwa, da yadda ka nuna karin sauti, don wasu ba sa sa wa karin sama alama sam, wanda bai sani ba zai ɗauka mantawa ka yi. Bayanin da ke ƙarƙashin fayil a Telegram ba ya wuce harafi 1024 ga wanda ba ya biya, saƙo kuma 4096, in ya fi haka raba shi. Ka sa kalma ɗaya ta boko da za a iya nema, mutane ba za su buga ʃ a wurin bincike ba.

10. Inda kayan za su zauna

WhatsApp wurin hira ne, ba rumbu ba. Guruf yana ɗaukar mutum 1024, amma wanda ya shigo yau yawanci ba ya ganin abin da aka tura jiya, fayil ɗin da aka daɗe ba a sauke ba kuma wata rana sai ya ce a nemi mai shi ya sake turowa. In an kunna saƙonni masu ɓacewa, na awa 24 ko kwana 7 ko kwana 90, to har darasin zai tafi, ka duba wannan saitin tun ranar farko. Maƙala saƙo a sama ma iyakarsa kwana 30. Sannan lambar wayar kowa a bayyane take ga sauran, wasu ba sa son haka.

Telegram ya fi dacewa da ajiya, fayiloli suna zaune a rumbunsa, guruf yana kai mutum 200,000, akwai saitin da ke barin sabon shiga ya ga tsohon tarihi, ana kuma iya raba guruf gida-gida, wasula nan, baƙaƙe can, sautuka can. Yana da ƙuri'a mai siffar kacici-kacici inda kake saka amsar daidai da ɗan bayani, tana da daɗi wajen atisayen gane alama. Ni abin da na fi so shi ne tasha ɗaya a Telegram wadda masu kula kaɗai ke sakawa, ko jaka a Google Drive, a sa adireshinta a bayanin guruf ɗin WhatsApp, hira a can kaya a nan. Ko wanne ka zaɓa, ka riƙe asalin komai a kwamfutarka.

11. In ka gano kuskure bayan ka tura

Zai faru, kowa yana mance alamar tsawo. WhatsApp yana ba ka minti 15 ka gyara saƙo, Telegram awa 48 a hira ta yau da kullum. In lokacin ya wuce, ko kuma fayil ne, kar ka tura sabo shiru da suna iri ɗaya, mutane za su riƙe biyu su rasa wanne ne daidai. Ɗaga lambar zuwa v2, ka amsa a kan tsohon saƙon ka faɗi layin da ka gyara da abin da yake da da abin da ya koma, sannan ka goge tsohon ga kowa in har yanzu ana iya gogewa. Wanda ya riga ya tura shi wani guruf ɗin kuwa sai ka roƙe shi ya bi sawu da v2 ɗin da kansa.